Sapa, Batad ko Longji: wane dutsen shinkafa ya kamata ka hau?

Wani ƙanina mai zuwa Guangzhou sarin kayan waya ya turo mini hotuna uku a dare ɗaya, ya ce: "Yaya, idan na gama lodi ina da kwana biyar a hannu. Wanne zan je?" Hotunan kusan abu ɗaya ne: dutse an yanka shi hawa-hawa kamar matakalar bene, kowane hawa fangalin shinkafa ne, ruwa kwance a ciki yana ɗaukar ido. Na farko Sapa ne a arewacin Biyetnam, na biyu Batad a Filifin, na uku Longji a kudancin Sin. Amsar da na ba shi ita na faɗaɗa a nan, don na san ba shi kaɗai ke wannan lissafin ba.

Hoto ba zai raba maka gardama ba, duka ukun suna da kyau. Bambancinsu yana ƙarƙashin ƙafarka, yana cikin tukunyar mai masaukinka, yana kuma cikin watan da ka samu sarari.

Ma'aunin da na ɗora su a kai

Na farko shi ne wata. Duk wanda ya taɓa noman shinkafa a Kura ko a fadamun Kebbi ya san gona ba fuska ɗaya gare ta ba. Akwai lokacin da ake cika fangali da ruwa kafin dashe, akwai yabanya, akwai kaka, akwai kuma watannin da ba ka ganin komai sai kututture da busasshiyar laka. A kan waɗannan duwatsu sanyi bai cika barin a yi noma fiye da sau ɗaya a shekara ba, saboda haka wanda ya isa a watan kututture ya yi asarar kuɗin jirginsa. Kafin ka tambayi farashi, fara duba watan da za ka tafi.

Na biyu, gwiwa. Tattakin dutse ba yawon shan iska ba ne, kuma gangara ta fi hawa cin jiki.

Na uku, abin da za ka ci da inda za ka shimfiɗa darduma. Al'ummomin wuraren nan uku duk masu kiwon alade ne, kuma duk suna karrama baƙo da giyar shinkafa. Ga Musulmi wannan ba ƙaramar magana ba ce, shi ya sa zan daɗe a kanta.

Sauran su ne kuɗi, sauƙin biza da hanya, haɗari, da ɗorewa. Abin da nake nufi da ɗorewa: shin ƙauyen har yanzu noma yake yi yana karɓar baƙi a gefe, ko ya koma kasuwar baƙi yana noma don hoto? A maganar kuɗi zan yi lissafi da dala saboda naira ba ta tsayawa wuri ɗaya, kuma adadin kusan-kusan ne. Ka sani tun yanzu cewa tikitin jirgi ta Addis Ababa ko Doha shi ne zai cinye kaso mafi tsoka, abin da za ka kashe a kan dutsen kaɗan ne a kansa.

Sapa

Garin Sapa yana lardin Lao Cai, dab da iyakar Sin, a tsayin kusan mita 1,500. Faransawa ne suka mai da shi wurin gudun zafi a farkon ƙarni na 20. Yau garin kansa otal ne a kan otal da ƙarar masu gini, kada ka ba shi fiye da dare ɗaya. Abin da ka zo nema yana can ƙasa a kwarin Muong Hoa: Lao Chai ta 'yan ƙabilar Hmong, Ta Van ta Giay, Giang Ta Chai ta Dao masu jan ɗankwali.

Isa wurin ba wuya. Tun da aka buɗe babbar hanyar da ta tashi daga Hanoi, babban birnin ƙasar, zuwa Lao Cai a 2014, bas tana kai ka cikin awa biyar zuwa shida. Akwai kuma jirgin ƙasa na dare, kusan awa takwas zuwa birnin Lao Cai, daga nan mota ta hau da kai cikin kamar awa ɗaya. Biza ma a nan ta fi sauƙi: tun watan Agusta na 2023 Biyetnam ta buɗe neman biza ta intanet ga 'yan kowace ƙasa, dala 25 ta shiga sau ɗaya.

Ƙarfin Sapa jagororinta ne. Yawancinsu matan Hmong ne 'yan ƙauyukan da za ka bi, da yawa a bakin baƙi suka koyi Turanci. Za ka gan su da takalmin roba na ruwa suna sauka a taɓo kamar a kan tabarma suke tafiya. Tafiyar yini kan kai kilomita goma zuwa goma sha biyar, mafi yawanta gangara ce. Da ka baro gari, wasu matan za su biyo ka da kwando a baya, su riƙe maka hannu a wurin santsi, idan an isa ƙauye su buɗe kayan saƙa. Wasu baƙi na jin haushin wannan, ni ban ɗauke shi yaudara ba, kasuwarsu ke nan. Idan ba za ka saya ba ka faɗa tun a farkon hanya, idan kuwa mace ta riƙe ka awa uku a laka to ka saya. Yara ƙanana masu talla dai hukumomin garin kansu suna roƙon kada a saya a hannunsu, don cinikin ne ke hana su zuwa makaranta.

Akwai abin da zai tsayar da Bakano a hanya. Dubi hannayen matan Hmong, za ka gan su shuɗi har wuyan hannu. Rinin shuni suke yi a ganga a bayan gida, su tsoma ƙyalle su shanya su sake tsomawa har ya koma kusan baƙi, sannan su goge shi da dutse ya yi sheƙi. Wanda ya san karofin Ƙofar Mata da aikin mabuga ba ya buƙatar tafinta a wurin nan.

Raunin Sapa shi ne kalmar "kwana a gidan manomi" ta zama abin talla. Ni kaina na taɓa biyan wani dillali a Hanoi a kan haka, da na isa sai na tarar da dogon ɗaki mai katifu kusan talatin da kiɗa har tsakar dare, masu gidan ma a wani ginin suke kwana. Tambaya uku za su tsare ka daga irin wannan: baƙi nawa gidan ke ɗauka, iyalin gidan suna cin abinci tare da baƙo, kuma jagorar 'yar wane ƙauye ce? Idan za ka iya yin ciniki da jagorar kai tsaye, kuɗinka ya fi isa inda ya dace. Kwana biyu da dare ɗaya, da jagora da abinci da wurin kwana, kan tsaya tsakanin dala 40 da 80 ga mutum ɗaya.

Abinci kuwa sai ka yi magana tun kafin a ɗora tukunya, domin matsalar ba naman da kake gani ba ce kawai, kitsen alade ne da ake soya ganye da shi. Ka ce da man gyaɗa ko na waken soya kake so, ba nama. Za a kawo maka shinkafa, ƙwai, ganye, tsiron gora, da awara irin wadda ka sani, a miyar tumatir. Bayan cin abinci mai gida zai zuba giyar shinkafa a ƙananan kofuna. Ka sa hannu a ƙirji ka ɗaga kofin shayi, sun saba. A Hanoi akwai masallacin Al-Noor a titin Hang Luoc, a nan za ka samu Juma'a da masu nuna maka gidan abincin halal.

Ruwa na cika fangali a watan Mayu, gona ta yi zinariya a Satumba. Daga Disamba zuwa Fabrairu sanyi ne da hazo mai rufe kwarin gaba ɗaya na kwanaki. Babban haɗari shi ne zaftarewar ƙasa a damina. Mahaukaciyar guguwar Yagi ta Satumbar 2024 ta binne gidaje ta kashe mutane da yawa a lardin Lao Cai, kuma a daidai watan girbi ta zo. Idan an yi kwana biyu ana ruwa ba ƙaƙƙautawa, ka zauna a gari.

Batad

A nan zuciyata ta fi karkata, kuma a nan ne zan fi yi maka gargaɗi.

Batad ƙauye ne a lardin Ifugao, a tsaunukan arewacin tsibirin Luzon. Daga Manila bas ce ta dare, awa tara zuwa goma, zuwa garin Banaue. Daga Banaue ka hau motar haya ko babur mai kwando a gefe kamar awa ɗaya zuwa inda kwalta ta ƙare, sauran kuma da ƙafa. Mota ba ta shiga Batad. Duk buhun siminti da kwalbar lemo da ka gani a ƙauyen, a kafaɗar mutum suka sauka.

A 1995 UNESCO ta sa gungu biyar na gonakin Ifugao cikin kayan tarihin duniya: Batad, Bangaan, Mayoyao, Hungduan da Nagacadan. Gonakin da ake ɗauka hoto daga bakin titi a Banaue ba sa cikin jerin, kuma baƙi da yawa a nan suke tsayawa su juya. An daɗe ana cewa gonakin sun shekara 2,000, amma binciken masu tonon tarihi na baya-bayan nan ya nuna da yawansu ba su wuce 'yan ɗaruruwan shekaru ba, wato zamanin da Sifaniyawa suka mamaye ƙasar mutane suka ja zuwa kan duwatsu. Ko wanne ne, aikin ya isa a tsaya a kalla.

Gonakin Batad sun kewaye ƙauyen kamar ƙwarya, kuma bangon kowane fangali da dutse aka jera shi, wani ya fi mutum tsayi. Wanda ya san Sukur a Adamawa ko duwatsun Gwoza ya san gonar hawa-hawa, sai dai a can, ƙasar noma ake tarewa don dawa da gero. A nan ruwa ake tarewa, wata da watanni, da duk nauyinsa. Sirrin yana can saman dutse, inda kowane dangi ke da kurmin da yake tsarewa, suna ce masa muyong. Kurmin ne ke riƙe ruwan sama ya riƙa sakinsa kaɗan-kaɗan, a bi da shi ta magudana da bututun gora zuwa fangali na sama, shi kuma ya zubar wa na ƙasa, har zuwa rafi. Idan mutum ɗaya ya yi sakaci da bangonsa, gonar maƙwabcinsa na ƙasa ce za ta fara biya. Shi ya sa da matasa suka riƙa tafiya birni bangwaye suka fara zubewa, har aka sa wurin cikin jerin masu fuskantar haɗari daga 2001 zuwa 2012. Kuɗin jagora da na masauki na cikin abin da ke riƙe wasu matasan a gida yanzu.

Hanyar tafiya ita ce saman bangon kansa, faɗinsa bai wuce tafin ƙafa biyu ba, ruwa a hagu, rami a dama. Matakalun dutsen dogaye ne, ba a yi su don mai ciwon gwiwa ba. Sauka zuwa magangarar ruwa ta Tappiya da dawowa kaɗai kan jiƙa mutum da gumi sharkaf. Mai ƙarfi yana iya yin zagayen kwana uku daga Banaue ta Pula da Cambulo ya ɓullo Batad, kuma wannan ba a yin sa ba jagora. Mai jiri, mai hawan jini da bai daidaita ba, da mai tsoron tsayi, ina roƙonsu su bar Batad. Idan ƙafa ta karye, ɗaukar mutum za a yi a hau da shi zuwa titi kafin a fara maganar asibiti.

Sauƙinta shi ne harshe. Kusan kowa na jin Turanci, saboda haka hira da mai masauki ta fi nisa a nan fiye da sauran biyun. Masaukan na katako ne, ba ƙawa, wasu kuma suna da ɗakin gargajiya a kan ginshiƙi huɗu da faifan katako a wuyan kowane ginshiƙi don hana ɓera hawa, kamar dai rumbu. Ka riƙe tsabar kuɗi tun daga gari, kuma kada ka dogara da layin waya. Jagora kan kama dala 25 zuwa 40 a yini, idan kuna da yawa ku raba. Ɗaki dala 10 zuwa 20.

Abinci mai sauƙin bayani ne: shinkafa, ganye, ƙwai, kifin gwangwani. Idan kana son nama, sayi kaza da rai ka yanka da hannunka, ba wanda zai ga baƙon abu. Amma ka kiyayi wani girkin kaza na yankin da ake kira pinikpikan, domin dukan kazar ake yi da sanda kafin a kashe ta. A Manila unguwar Quiapo ce ta Musulmi, a nan babban masallacin da aka gina a 1976 yake.

Gona ta fi kore a Afrilu da Mayu, girbi ya biyo baya wajen tsakiyar shekara, ko da yake kowane ƙauye da nasa lokacin. Daga Yuli zuwa Nuwamba guguwa kan rufe hanyoyin dutse. Mai fasfon Najeriya sai ya nemi biza a ofishin jakadancin Filifin kafin ya tashi.

Longji

Longji tana gundumar Longsheng a yankin Guangxi, kamar awa biyu a mota daga birnin Guilin. An fara sassaƙa gonakin tun zamanin daular Yuan, shekaru sama da 600 ke nan. Manyan ƙauyukan biyu ne: Ping'an ta 'yan Zhuang, da Dazhai ta 'yan Yao waɗanda matansu suka shahara da dogon gashi.

Ga mai zuwa Guangzhou wannan ita ce ta kusa. Jirgin ƙasa mai gudu yana kai ka Guilin cikin kamar awa uku, kuma bizar da ke hannunka ta wadatar. Ga wanda ba shi da hulɗa da Sin kuwa, bizar ce babban shinge.

Komai a tsare yake: tikitin shiga da bai kai dala 15 ba, hanyoyi shimfiɗe da dutse, alamomi a mararraba, har da motar igiya mai kai mutum ƙololuwa a ɓangaren Dazhai. Tafiya daga Dazhai zuwa Ping'an awa huɗu zuwa biyar ce, kuma ana iya yin ta ba jagora, ko da yake a tsakiyar hanya akwai inda ake ɓata. Wannan tsari shi ne ribarta, shi ne kuma abin da ta rasa. Masaukan manyan gidajen katako ne masu ɗaki da banɗaki, dala 15 zuwa 45, iyalai ne ke tafiyar da su amma ba kwana cikin iyali ba ne. Turanci kaɗan ne, hira sai ta manhajar fassara. Idan kana son shiru, ka hau sama da Dazhai zuwa ƙauyen Tiantouzhai ka kwana, don motocin masu yawon yini ɗaya kan watse kafin magariba.

Abincin da suke alfahari da shi shinkafa ce da ake gasawa cikin gora, amma sau da yawa da busasshen naman alade a ciki, sai ka ce a yi maka zalla. Guilin tana da Musulmi 'yan Hui da masallaci da gidajen taliyar halal, a nan za ka yi guzuri. WhatsApp da Google ba sa aiki a layin ƙasar sai da shiri, kuma biyan kuɗi ya koma na Alipay da WeChat, abin da ɗan kasuwa ya riga ya sani.

Ruwa na cika gona daga ƙarshen Afrilu zuwa farkon Yuni, zinariya daga ƙarshen Satumba zuwa tsakiyar Oktoba. Ka guji makon farko na Oktoba, hutun ƙasa ne, ba masaka tsinke.

| Ma'auni | Sapa | Batad | Longji |
|---|---|---|---|
| Watan da ya fi | Mayu, Satumba | Afrilu zuwa Yuni | Mayu, ƙarshen Satumba |
| Wahalar jiki | matsakaiciya, santsi | mai tsanani | da sauƙi |
| Jagora | ana so | dole a doguwar hanya | ba dole ba |
| Kuɗin kwana biyu a wurin | dala 40 zuwa 80 | dala 70 zuwa 120 | dala 60 zuwa 110 |
| Biza ga ɗan Najeriya | ta intanet | ofishin jakadanci | ofishin jakadanci |
| Harshe | jagora na jin Turanci | kusan kowa na ji | sai manhaja |
| Babban haɗari | zaftarewar ƙasa | faɗuwa, nisan asibiti | cunkoso |
| Zama da iyalin gida | sai ka zaɓa da kyau | akwai | kaɗan |

Ko ina za ka, ka tafi da katin allurar shawara, takalmi mai cizon ƙasa, rigar ruwa, ƙaramar buta da dardumar aljihu. Dabino da gyaɗa sun isa guzuri. Kilishi da dambun nama a bar su a gida, za a karɓe su a filin jirgi.

Wa ya kamata ya je ina

Idan wannan ne fitarka ta farko irin wannan, kana son ka kwana a gidan mutane ka ga yadda suke rayuwa ba tare da ka wahalar da jiki sosai ba, Sapa ce taka, da sharaɗin ka nemi jagora 'yar ƙauyen ka kuma yi tambayoyin nan uku. Mata masu tafiya a ƙungiya ma nan na fi ba su shawara, saboda jagororin mata ne kuma gidajen a hannun mata suke.

Idan manomi ne kai, ko mai karatun noma da ban ruwa, kana da ƙafa da mako guda cif, ka daure ka je Batad. Kada ka tsaya a kallon fangali, ka ce wa jagoranka ya hau da kai inda ruwan ke fitowa.

Idan da iyali za ka, ko da dattijo, ko kwanakinka ƙidayayyu ne kuma kana cikin Sin, Longji ta ishe ka.

Ƙanina baje kolin Guangzhou na bazara yake zuwa, wanda ake rufewa a farkon Mayu, daidai lokacin da ake sakar wa gonakin Longji ruwa. Na ce masa ya bar kayansa a hannun wakilinsa, ya hau jirgin safe zuwa Guilin, ya yi azahar da la'asar a masallacin garin, ya sayi guzuri, washegari ya hau Dazhai ya kwana biyu a Tiantouzhai. Batad kuwa na ce ya ajiye ta sai shekarar da ya samu mako guda ba kwantena a ransa.